Liman, Ya Halatta In Sa Wa 'Yata Mary-Anne?

Bismillahir Rahmanir Rahim. 

'Yan uwa masu bibiyar wannan shafi, tambaya ce ta shigo mini a makon nan daga wani matashi, ma'aikacin gwamnati a nan Birnin Kudu. Allah ya sauki iyalinsa lafiya, an samu 'ya mace. Shi yana so ya yi wa mahaifiyarsa takwara, mai jego kuma ta kafe a kan wani suna da ta tsinta a intanet tun ciki yana wata biyar: Mary-Anne. Sunaye biyu na Turanci da ɗan karan ɗori a tsakani. Dangi sun rabu gida biyu, har wani kawunsa ya rantse ba zai ci naman ragon ba, wai an kafirta yarinya tun tana cikin tsumma. Na amsa masa a keɓe, amma na ga gara in faɗaɗa maganar a nan, domin ba shi kaɗai ba ne. Ko kwanakin baya a wani raɗin suna a Gwaram an miƙo mini 'yar takarda, sunan yanka Fatima, a ƙasa kuma an rubuta Lily-Rose, wai shi za a riƙa kiranta da shi.

Kafin a yi hukunci a kan abu sai an san shi. To mene ne Mary-Anne?

Mary dai Maryam ce. Sunan ya taso daga Ibrananci, ya bi ta Girkanci da Latin ya zama Mariya, ya isa Ingila bakin mutanen can ya gutsure shi ya koma Mary. Anne kuwa Hannatu ce. Alƙur'ani bai ambaci sunan mahaifiyar Nana Maryam ba, matar Imrana kawai ya kira ta a Suratu Ali Imrana, amma malaman tafsiri irin su Ɗabari da Ibnu Kasir sun kawo cewa sunanta Hannatu, kuma Kiristocin Turai ita ɗin ce suke kira Anne. Tushen kalmar yana nufin jinƙai da tausayi, tushe ɗaya da Hanan ɗin da 'yan matanmu ke yayi yanzu. Kun ga ke nan Mary-Anne 'ya ce da uwarta aka haɗa a suna ɗaya: Maryam da Hannatu. Da bakin kakanninmu, Mairo da Hanne. Ku faɗi Hanne, ku faɗi Anne, ku ji kusancin da kanku. Abin da mai jego ta tsallaka teku ta ɗauko, yana nan zaune a tsakar gidan kakarta a Sundimina yana tankaɗen gari.

Lily-Rose kuma furanni ne guda biyu. Rose shi ne wardi, Larabawa suna sa wa 'ya'yansu Warda. Lily wani farin fure ne, kuma da wannan sunan Turawa suke kiran furen badon da ke kan kududdufanmu, sai dai su ƙara masa kalmar ruwa. Yanzu da liman zai tashi ranar suna ya ce jama'a an samu Bado, ai sai an riƙe mai jego.

To hukunci fa? Zan fara da kawu, domin maganarsa ta fi sunan hatsari. Kafirta musulmi ba wasa ba ne. Ya tabbata a Bukhari da Muslim cewa wanda ya jefi ɗan uwansa da kafirci, kalmar sai ta faɗa a kan ɗayansu. Kuma kasancewar suna ba Larabci ba ne bai taɓa zama dalilin haramci ba. Duk wanda ya zauna gaban malamin nahawu ya san wannan tun a babin sunayen da ba sa karɓar tanwini: Ibrahim, Isma'il, Ishaƙ, Yaƙub, Yusuf, duk malamai sun ce sunaye ne na ajami, ba Larabci ba. A cikin annabawan da Alƙur'ani ya ambata, waɗanda aka saba ƙirga sunayensu a Larabci tsantsa su ne Muhammadu, Salihu, Shu'aibu da Hudu, tsira da amincin Allah su tabbata a gare su. Manzon Allah, sallallahu alaihi wa sallam, da aka haifa masa ɗa a Madina, Ibrahim ya sa masa. Mahaifiyar yaron kuwa Mariya ce Baƙibɗiya daga Masar. Da sunanta ta zo, da shi ta zauna a gidan Annabta, da shi ta rasu, ba a canza mata ba. Mariyar nan da ke cike da gidajenmu, ita ce dai Mary ɗin, hanya ce kowace ta biyo daban. Saboda haka kawu ya yi kaffarar rantsuwarsa ya zo ya ci nama.

Karan ɗorin ma ba baƙon abu ba ne a wurinmu, rubuta shi ne kawai ba mu saba ba. Mu da muke da Muhammadu Auwal, Muhammadu Sani, Salisu, Rabi'u, har zuwa Ashiru, gida ɗaya Muhammadu goma kowa da lambarsa? Mu da muke da Abubakar Sadiƙ, Umar Faruƙ, Aliyu Haidar, Halimatus Sadiya, A'isha Humaira, Ummu Kulsum? Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, wanda ya rasu a 1837, rabin sunansa Larabci ne rabi Fillanci, kuma ba a ji wani malami a Sakkwato ya ɗaga gira ba. 'Yar uwarsa, wadda ta rayu daga 1793 zuwa 1864, duniya ba ta san ta da Asma'u kawai ba sai Nana Asma'u. Larabawa ma sun san suna mai gaɓa biyu har suka kasa shi kashi-kashi: akwai na jingina kamar Abdullahi, akwai na cakuɗa kamar Hadramaut da Ba'alabakka, akwai ma wanda jimla ce sukutum aka mayar suna, kamar mawaƙin jahiliyyar nan Ta'abbaɗa Sharran. Turawa ma haka suke yi. Mutanen Faransa sun daɗe da irin su Jean-Pierre da Marie-Claire, a Ingila kuma a 'yan shekarun nan aka yi yayin liƙa Rose ko May ko Grace a bayan sunan yarinya. Sau da yawa dalilinsu irin namu ne, kaka biyu ake so a faranta wa rai da jaririya ɗaya.

Abin da shari'a ta tsaya a kai shi ne ma'ana. Akwai sunayen da babu saɓani a kan haramcinsu, kamar bautar da yaro ga wanin Allah, irin Abdul-Ka'aba ko Abdul-Uzza. Ibnu Hazmin ya hakaito ijma'i a kan haka. Akwai sunayen da Allah ya keɓanta da su, da irin laƙabin sarkin sarakuna wanda hadisi ya kira mafi ƙasƙancin suna a wurin Allah. Akwai sunayen gumaka. A nan ne mai tsintar suna a intanet yake taka ƙaya bai sani ba. Diana da ake ji kamar kalmar diyana ta addini, sunan wata abar bauta ce ta Rumawa. Dennis ya samo asali daga sunan abin bautar giya na Girkawa. Christopher da Christiana kuwa aƙida ce a fili suke ɗauke da ita. Sannan akwai abin da ƙamus ɗin sunaye ba zai gaya maka ba sai masu harshen. Mary-Jane, in ka bi asalinsa, suna ne mai kyau, Maryam ce da wani suna mai ma'anar Ubangiji ya yi jinƙai. Amma a bakin 'yan tashar Amurka, Mary Jane tabar wiwi ce. Ka yi ta kiran 'yarka da shi a Basirka kana jin kai ɗan birni ne, ranar da ta je karatu waje ta faɗi sunanta a aji sai ta ga ana ƙunshe dariya.

Annabi, sallallahu alaihi wa sallam, bai ɗauki ma'anar suna da wasa ba. 'Yar Sayyidina Umar sunanta Asiya, da harafin aini da sadi, wato mai saɓo, ba Asiya matar Fir'auna ba. Ya mayar da ita Jamila. Barra, mai nuna yabon kai da nagarta, ya mayar da ita Zainab, wata Barrar kuma ya mayar da ita Juwairiyya. Kakan Sa'idu bin Musayyib sunansa Haznu, ma'ana ƙasa mai tauri da gargada. Annabi ya ba shi Sahlu, mai sauƙi, ya ce shi ba zai canza sunan da ubansa ya raɗa masa ba. Bukhari ya ruwaito jikan nasa Sa'idu yana ba da labarin cewa taurin nan bai bar gidansu ba bayan haka. Kuma a Sahihu Muslim ya zo cewa Abdullahi da Abdurrahman su ne mafi soyuwar sunaye a wurin Allah. Shi kuwa hadisin da ake yawan jawowa ranar suna, na cewa za a kira mutane ranar ƙiyama da sunayensu da na iyayensu maza don haka a kyautata suna, Abu Dawuda ne ya kawo shi, kuma shi da kansa ya nuna akwai yankewa a isnadinsa. Masu wa'azi su lura.

To tunda Mary-Anne ba gunki ba ce, ba aƙida ba ce, ma'anarta ma mai kyau ce, shi ke nan a raɗa? Ni dai ban ce haramun ba ne, kuma ba zan ce ba. Amma in ka nemi shawarata, kada ka yi shi sunan yanka. Ga dalilina.

Malaman Basra da na Kufa sun yi saɓani a kan tushen kalmar ismu, wato suna. Na Basra suka ce daga ɗaukaka take, na Kufa suka ce daga alama take, irin shaidar da ake yi wa dabba. Ta fuskar sarfu an fi rinjayar da na Basra, amma ta fuskar zaman duniya maganar mutanen Kufa tana da ƙamshin gaskiya. Suna alama ne, kuma alama mutanen gari ne ke karanta ta, ba ƙamus ba. A Najeriyar nan, duk wanda ya ga Mary-Anne a rajistar makaranta ko a katin asibiti, abin da zai fara zuwa ransa shi ne yarinyar Kirista ce. Wannan ba zagi ba ne ga maƙwabtanmu Kiristoci. Muna cin kasuwa ɗaya da su, muna aiki ofis ɗaya, suna da sunayensu da suke alfahari da su, wasu ma da Hausa tsantsa irin Alheri da Godiya da Murna. Magana ce ta cewa kowa a san shi da abin da yake. Yarinyar nan za ta yi shekara sittin ko saba'in, in Allah ya ba ta rai, tana yi wa mutane bayanin cewa ita fa musulma ce. A layin ɗaukar aiki, a wurin neman aure, a tashar mota a garin da ba a san ubanta ba. Allah ya kiyaye, ko hatsari aka yi a hanya nesa da gida, katin da ke jakarta ne zai fara yi mata magana kafin dangi su iso. Uwa ta ji daɗin sunan na wata shida, 'ya ta ɗauki dakonsa har kabari. In Maryam ɗin ake so, ga Maryam nan yadda Allah ya ambace ta, mace ɗaya tilo da Alƙur'ani ya kira da sunanta, har da sura guda.

Sai dai ba na son mu yi wa iyaye mata rashin adalci, kamar shaiɗan ne kawai ya ruɗe su. Mu tambayi kanmu me ya sa sunan yake burge su. Ka shiga aji ɗaya na firamare a Kantoga ko Sara ka kira A'isha ka ga hannu nawa za su tashi. Mace ta ɗauki ciki wata tara, ta sha naƙuda, tana so a ce tata daban ce. Wannan ba zunubi ba ne. Allah da kansa, da ya yi wa Annabi Zakariyya bushara da Yahaya, ya ambata masa cewa ba a taɓa sa wa wani wannan suna ba kafinsa. Sannan da yawa daga cikin iyayen yau sun sha tsokana a makarantar kwana saboda sunayensu, sun yi alkawari a zuci nasu 'ya'yan ba za su sha ba.

Amma ku tsaya mu dubi sunayen nan da ake gudu ana cewa ƙauyanci. Tanko, namijin da ya biyo bayan mata. Delu ko Kande, macen da ta biyo bayan maza. Gambo, mai bin tagwaye. Audi, wanda mahaifinsa ya rasu ya bar shi a ciki. Marka, wadda aka haifa ana tsakiyar ruwan damina. Azumi, Tasalla, Jummai, Ɗanladi, Balarabe. A wurin 'yan uwanmu Fulani ga Dikko ga Sambo ga Yero, kowa da matsayinsa a ɗakin uwarsa. Mutanen da ba su da takardar haihuwa sun rubuta ranar haihuwa da yanayin gida a cikin suna, ka ji sunan mutum ka san rabin tarihinsa. Ban ce duka a riƙe ba. Ajuji, da ake sa wa ɗan mai wabi har a kai shi kan juji wai don mutuwa ta raina shi ta bar shi, akwai camfi a ciki, kuma ba suna ne da za ka so a kira ka da shi a gaban surukai ba. Irinsa ne Annabi yake canzawa. Ko da yake duk sanda na ji shi, uwar nake tunawa, wadda ta binne uku ko huɗu kafin ta kai ga wannan dabarar. Abin da nake tsoro shi ne ciwon raina kai: Hanne ƙauyanci, Anne wayewa, alhali suna ɗaya ne, bambancin kawai wane baki ne ya furta.

Kuma kada masu sunayen Larabci su ce sun tsira, ciwon ɗaya ne ya canza riga. Yanzu mutum zai buɗe Mus'hafi ko ya kalli fim ɗin Indiya ko na Turkiyya, duk kalmar da ta yi masa zaƙi a kunne sai ta zama suna. An tambaye ni ma'anar Minal ya fi a ƙirga. In Manal ake nufi, to abin da aka samu bayan nema ne, suna ne mai kyau. In kuwa Minal ɗin da ake ji a karatu ce, harafi ne mai ma'anar daga, aka haɗa shi da alif da lam, ka sa wa 'yarka suna Daga. Afnan rassan itace ne, an ambace su a siffar Aljanna, babu laifi, amma a san hakan. Abdul shi kaɗai rabin suna ne, bawan wa? Ga kuma masu lalata sunan da hannunsu a Facebook. A'isha ta koma Ayeesharh, Fatima ta koma Pherteemarh, sunan 'yar Manzon Allah an cusa masa haruffa har mai shi ba za ta gane shi ba.

Saura rigimar cikin gida: wa ke da haƙƙin zaɓe? Ibnul Ƙayyim, wanda ya rasu a shekara ta 751 bayan hijira, ya yi littafi guda a kan hukunce-hukuncen jariri, Tuhfatul Maudud, kuma a ciki ya bayyana cewa in uwa da uba suka saɓa, haƙƙin na uba ne, tunda da sunansa ake danganta yaro. Wannan haka yake. Amma malam maigida, haƙƙi ba sanda ba ne. Matar nan tana ɗaki tana wankan jego tana shan kunun kanwa, jikinta bai gama komawa ba, ba lokacin nuna mata iko ba ne. Ka tuna Nana Maryam ɗin ma mahaifiyarta ce ta raɗa mata suna, Alƙur'ani ya ba mu labari. Ka zauna da ita, ka gaya mata ma'anar abin da ta zaɓa, ka ji dalilinta. Sau da yawa in mace ta ga an saurare ta, rabin rigimar ta mutu.

Al'adarmu ma ta riga ta buɗe ƙofa. In ka yi wa mahaifiyarka takwara, matarka ba za ta iya kiran sunan surukarta gatsau ba, kai ma haka. Dole a nemi sunan alkunya, shi ya sa gidajenmu suka cika da Ummi da Mama da Walida da Abba da Baffa. To ka ɗauki sunan yanka, ka bar mata zaɓen laƙabi, da sharaɗin a san ma'anarsa kuma ya zama wanda kakar yarinyar za ta iya furtawa. Don wallahi in kuka ce Lily-Rose, tsohuwa Laraba za ta kira ta in ranar Laraba aka haife ta, kuma nata ne zai bi ta. Ku lura kuma, laƙabi yana cinye sunan yanka. Na sha zuwa ɗaurin aure a tambayi waliyyi sunan amarya na gaskiya ya juya yana tambayar na bayansa.

Waɗanda kuma suka riga suka sa sunan da yanzu suka gane yana da matsala, suna tambaya ko sai an sake yanka rago: a'a. Annabi ya canza wa manya da yara sunaye, ba a ruwaito ya ce a sake yanka ba. Rago na haihuwa ne, ba na suna ba. A mazhabarmu ta Malikiyya dabba ɗaya ce ga namiji ko mace a rana ta bakwai, kamar yadda yake a Risala. Shi kansa sunan ya halatta a sa tun ranar haihuwa, haka Annabi ya yi wa ɗansa Ibrahim. Canzawa kawai sanar da dangi ne a fara kiran sabon, sai kuma gyaran takardu.

Takardun nan kuwa kada ku raina su. Duk sunan da kuka tsayar, ku rubuta shi sau ɗaya a takarda, harafi bayan harafi, ku ajiye. Yadda aka rubuta a katin asibiti, haka za a rubuta a takardar haihuwa ta Hukumar Ƙidaya, haka a rajistar firamare, haka a lambar NIN. Tun 2021 ba a rajistar JAMB sai da NIN, kuma sunan da ke can shi ne zai bi yaro har jami'a. Suna mai karan ɗori a nan yake ba da wahala: wani magatakarda zai sa karan, wani ya bar fili, wani ya haɗe su kalma ɗaya, wani ya ɗauki rabin na biyu ya mayar sunan tsakiya. Ko a fasfo, layukan ƙasa da na'ura ke karantawa ba sa ɗaukar karan. Shekara goma sha bakwai bayan an cinye ragon, sai ka ga uba yana yawo tsakanin Birnin Kudu da Dutse da takardar rantsuwar kotu a hannu, yana ƙoƙarin tabbatar da cewa yarinya ɗaya ce. Wannan ya shafi Fatima-Zahra da Nana-A'isha kamar yadda ya shafi Mary-Anne. In suna biyu kuke so, ku sa ɗaya a gurbin sunan farko, ɗaya a gurbin na tsakiya, ku bar karan a gida.

Wallahu a'alam. Allah ya raya mana zuri'a a kan Musulunci, ya ba masu jego lafiya.